Wace kalma za mu ba "cantinflear" a Hausa?

1/ Jama'a, ku kawo agaji. Kwana biyu ina kallon gajerun finafinan barkwanci da Cantinflas ya yi a Meziko a 1939 da 1940, kuma kalma ɗaya ta hana ni sakat.

2/ Sunansa na yanka Mario Moreno, an haife shi a 1911, ya rasu a 1993. A rumfunan tanti na birnin Meziko ya koyi sana'ar, inda talakawa ke zuwa su ga an kwaikwayi 'yan siyasa da shugabannin ƙwadago. A fim za ka gan shi wando ya zazzago ƙasa da ƙugu, ɗan gashin baki a gefe da gefe. Idan ɗan sanda ko wani mai muƙami ya titsiye shi, sai ya buɗe baki: ya fara jimla, ya sake ta a tsakiya, ya ɗaga yatsa kamar ga hujja nan tafe, ya kama wata. Mai tambayar ne ke gajiya ya tafi.

3/ Daga sunansa na wasa, Cantinflas, aka ƙera aikatau "cantinflear", wato a yi ta zuba ba a faɗi komai ba. A 1992 ta shiga ƙamusun hukumar harshen Sifaniyanci.

4/ Wata 'yar'uwa ta ce "soki-burutsu". Yaya, na gode, amma mai soki-burutsu bai san inda ya dosa ba. Cantinflas kuwa da gangan yake yi, yana nuna wa manya yadda jawabinsu ke sauka a kunnen talaka. "Kame-kame" ma na ajiye, don harshensa ba ya sarƙewa.

5/ "Dogon Turanci" ta fi kusa, har na so in tsaya a kanta. Sai dai ina jin nauyin cewa mutumin da ke Sifaniyanci yana dogon Turanci.

6/ Sai wani dattijo ya rubuto: "Yaro, ka manta holoƙo?" Allah Ya ƙara girma, Baba! Hadarin kaka ke nan: gabas ta yi baƙi, iska ta taso, mata su kwashe shanya a guje, ƙura ta cika ido, ko ɗigo babu.

7/ Don haka na tsaya a kan "holoƙon zance". Aikatau kuma: "ya yi mana holoƙo". Mutanen Damagaram da Maraɗi, haka kuke kiran wannan hadarin a wajenku?