Shimfiɗa wayar faiba a waje: binnewa ko ratayewa?

Malamin Kwamfuta:
Assalamu alaikum. Makarantarmu tana son haɗa ɗakin kwamfuta da ofishin shugaba, kuma tazarar da ke tsakanin ginin biyu ta kusa mita 300, wadda wayar tagulla ta intanet ba za ta iya ɗauka ba tun da iyakarta mita 100 ce. An ba mu shawarar sayen wayar faiba, wato wadda ke aika bayanai da haske ta cikin siririn zaren gilashi. Shin ya fi dacewa mu binne ta ko mu rataya ta a kan falwaya, kuma yaya za mu kare ta daga ruwan damina da zafin bazara?

Injiniyan Sadarwa:
Wa alaikumus salam, Malam. Kafin maganar binnewa, a tabbatar an sayi wayar da aka ƙera domin waje, mai baƙar riga da ke jure rana, wadda cikinta yake da man da ke hana ruwa bin zaren gilashin. Siririyar wayar faiba mai rawayar riga ta cikin ofis ba ta daɗewa a rana kafin ta tsattsage.

Ni dai binnewa nake zaɓa. A haƙa rami mai zurfin santimita 60 ko fiye, a zuba yashi, a kwantar da bututun roba mai kauri, sannan a zura wayar a ciki, a kuma shimfiɗa kyallen gargaɗi a sama domin mai haƙa na gaba. Bakin bututun biyu lallai ne a toshe su, domin ta nan ruwa da laka da ɓeraye suke shiga. Wajen ja kuwa, kada a fizge ta, kuma idan za a lanƙwasa ta, tazarar da ke tsakanin wayar da tsakiyar da'irar lanƙwasar kada ta gaza ninki 20 na kaurinta, domin gilashin yana iya karyewa a ciki alhali rigar tana nan lafiya lau.

Mai Gyaran Lantarki:
Ranka ya daɗe Injiniya, ina da ɗan ja a nan. Idan harabar tana da dutse ko ana yawan gine-gine a cikinta, diga ɗaya ta isa ta yanke wayar. A irin wannan wuri ratayewa ta fi sauƙi, muddin an bar mata ɗan sassauci saboda iskar farkon damina, kuma an lanƙwasa ta ƙasa kaɗan kafin ta shiga bango domin ruwa ya ɗiga a waje. Gilashi ba ya jan tsawa, amma idan wayar mai sulken ƙarfe ce, wajibi ne a haɗa sulken da sandar tagulla da aka kafa a ƙasa.

Injiniyan Sadarwa:
Maganarka ta sulke gaskiya ce. Zan ƙara da cewa a wannan tazara babu dalilin yin haɗi a tsakiya. A sayi waya guda mai rara, a yi haɗin a cikin gini. Ƙurar hunturu kuma tana rage haske sosai, don haka a goge kan mahaɗin kafin a soka shi. Kada kowa ya leƙa bakin zaren da ido, domin hasken ba ya ganuwa amma yana iya cutar da ido.

Malamin Kwamfuta:
Na gode ƙwarai, Allah Ya saka da alheri. Ƙasar harabarmu jigawa ce, saboda haka za mu binne.