Ɗana zai ajiye injiniyanci ya koma kiɗan fim, ku ba ni shawara

Maman Biyu: Salamu alaikum 'yan uwa. Wallahi barci ya ƙaurace min. A Birmingham muke, ɗana na fari yana shekara ta biyu a injiniyanci. Tun yana ƙarami na sa shi koyon fiyano, da kuɗin aikin dare a gidan kula da tsofaffi nake biya. Yanzu wai ajiyewa zai yi ya koma tsara kiɗan fim da talabijin. Kullum Segun Akinola, wani mai tsara kiɗan fim, ne a bakinsa, wai shi ma nan Birmingham ya karanta kiɗa, ya wuce makarantar fim ta Beaconsfield, a 2018 aka damƙa masa kiɗan shirin talabijin na Doctor Who. Ɗakinsa duk wayoyi, abin ji a kunne har asuba. Yaya zan yi?

Baffan Leicester: Hajiya, ki saurare ni, na san harkar nan. Kujerar da yake hange, ta mai tsara kiɗan Doctor Who, guda ɗaya ce. Murray Gold ne a kanta tun 2005, Akinola ya riƙe zuwa 2022, Gold ya dawo abinsa a 2023. Babu albashi a sana'ar nan, aiki ya zo a biya ka, sauran sai ɗan abin da PRS, ƙungiyar da ke karɓar wa masu kiɗa kuɗin haƙƙinsu, ke tarawa in an haska shirin. Ya gama digiri tukuna.

Anti Jummai: Haba Baffa. Rachel Portman fa, mai tsara kiɗan fim, kiɗan ta karanta a Oxford, da fim ɗin ɗalibai ta fara, 1997 ta ɗauki lambar yabon fim ta Oscar. Ni nawa na tilasta masa likitanci, yau ko waya sai ya ga dama yake ɗauka.

Baffan Leicester: Mutum nawa suka fara tare da ita? Ina suke? Fiyanon nan ma tun farko shi ne ɓarnar.

Maman Biyu: Baffa, da ya bi yaran titi fa? Fiyanon ne ya zaunar min da shi a gida, ban yi nadama ba.

Malam Na'ibi: Hajiya, me mahaifinsa ya ce?

Maman Biyu: Wannan wata maganar ce daban, Malam. Ni dai akwai wanda ya san ko jami'a na yarda a ɗage karatu shekara ɗaya?

Baffan Leicester: Wanda ya ɗage ba ya komawa. Na faɗa miki.