Man shanu ba ya lalacewa ko ba firij: gaskiya ne?

Maman Ummi: Salamu alaikum. Ana ta yaɗa cewa man shanu ba ya lalacewa ko wata nawa ya yi a ɗaki. Ni dai ban yarda ba.

Goggo: Wa alaikumus salam. 'Yata, mu mun taso ba firij. Da damina ake tara shi lokacin da shanu ke da nono, a zuba a tandu, har rani ana sa wa tuwo.

Anti Nas: Goggo, Allah ya ƙara lafiya, wannan soyayye ne. Ɗanyen da ake sayowa wajen masu nono kusan kashi 80 cikin 100 ne kawai mai, sauran ruwa ne da burbushin nono. A nan ƙwayoyin cuta da fumfuna ke samun wurin zama. In aka soya shi har kumfa ta kwanta, ruwan ya ƙone, aka tace, shi ne yake yin watanni.

Amarya: Amma Anti, na ga Turawa suna barin bota a kan tebur.

Anti Nas: Ɗakinsu bai cika wuce digiri 21 ba, nonon dafaffe ne, galibi kuma da gishiri a ciki. Duk da haka ma'aikatar noma ta Amurka kwana ɗaya zuwa biyu ta ce. Bota na narkewa wajen digiri 32 zuwa 35, Sakkwato kuwa a Afrilu tana haura 40.

Goggo: To Blue Band ɗin da ke jibge a shaguna fa?

Maman Ummi: Goggo, ai wannan ba man shanu ba ne, da man tsirrai ake yin sa.

Goggo: Na ji. Amma ɗanyen ma, da hunturu, in kika wanke shi da ruwan sanyi har ruwan ya daina fari, yana kwana biyu lafiya lau.

Anti Nas: Wanki yana rage tsami, ban musa ba. Sai dai in daga ɗanyen nono aka kaɗa shi, wanki ba ya kashe cutar da ke bin nonon shanu, irin su tarin fuka. Wuta ce ke kashe ta. Don Allah kada a ba yara da masu ciki.

Amarya: Ni da wutar lantarkinmu ba ta tsayawa, yaya zan yi?

Goggo: Soya shi ranar da kika sayo, da 'yar albasa, a wuta kaɗan-kaɗan. Ki tsame albasar, ki tace a busasshiyar kwalba mai murfi, nesa da rana da murhu. Kuma kada jiƙaƙƙen cokali ya shiga.