Wa ya tuna sunan kududdufin bayan gidansu?

'Yar Mandawari:
Assalamu alaikum. Yayana ya dawo daga karatu a Ostareliya, tsarabata kuwa littafin ƙagaggen labari ne, na farko da marubuciyar ta fitar. Wata ce ta koma garin kakarta bayan tsohuwar ta rasu, tana bin rafi da duwatsu tana neman sunayensu na asali, waɗanda sunayen Turawa suka danne. Babu kishiya, babu Alhaji mai kuɗi, amma a kwana biyu na cinye shi.

Ga abin da ya hana ni barci. Bayan gidanmu da akwai kududdufi, da damina muna zuwa kamun tarwaɗa, Inna na biyo mu da tsumagiya. Yanzu shaguna ne a wurin. Jiya na tambayi ƙannena, ko labarin an yi ruwa a wajen ba su da shi. Ni kaina sunan ya kwanta min. In mutum yana so ya rubuta labarin da unguwa ce jarumar, ta ina zai fara?

Malam Na Dala:
Wa'alaikumus salam 'yata. Ki bi kwatancen nan a hankali. 'Yan asalin can sun haura shekara 50,000 a ƙasarsu, da harsuna sama da 250, Turawan Ingila suka sauka a 1788 suka ɗauke ta tamkar ƙasar da ba ta da mai ita. Sai a 1992, a shari'ar Mabo, babbar kotunsu ta rushe wannan magana. An yi ta raba 'ya'ya da iyayensu, sai a 2008 firaminista Kevin Rudd ya nemi gafara. Su ƙwace musu sunayen aka yi.

Mu fa? Turawa sun ci Kano a 1903, amma Dala tana nan a Dala, Kurmi tana nan a Kurmi tun zamanin Rumfa. Kududdufinki ba Bature ne ya cike shi ba, mu ne, da shararmu, sannan muka yanka filotai. Badalar da aka fara tun Sarki Gijimasu, mu muke kwasar ƙasarta muna gini. Da ɗaci, amma daga nan labarinki zai yi nauyi.

Ɗan Bata:
Anti, ni littafi nake sayarwa. Mai saye soyayya yake tambaya. In za ki sa kududdufi, ki tsayar da saurayi a bakinsa, ya fi tafiya.

Maman Hanifa:
Kai Ɗan Bata, Allah ya shirye ka. 'Yar'uwa, kada ki fara da biro, ki fara da tsofaffi. Na taɓa kunna wa kakata waya ina naɗa, na ce ta raka ni da baki daga gidansu zuwa Jakara, lokacin ba a rufe ta da titi ba. Kowane lungu da sunansa, har rijiyar da aka hana su leƙawa da magariba. Kada ki ce "ba ni tarihi", shiru za ta yi. Tambaye ta hanyar da take bi in an aike ta.

'Yar Mandawari:
Na gode. Inna ta rasu, amma Gwaggo tana Yakasai, ranar Juma'a zan je da goro. Baba Malam kuma ka taɓo ni, domin a gidanmu ni ake ɗora wa kwandon shara, kuma na san inda nake juye shi.