Muhawara: Asibitin da Ihsan Dogramaci ya gina ya isa ya wanke shi?

Likitan Yara: Salamu alaikum jama'a. Ga maganar da nake so mu tattauna: a ƙarni na 20 Turkiyya ba ta yi likitan da ya amfani al'umma kamar Farfesa Ihsan Dogramaci ba, kuma zargin da ake masa game da zamanin soja bai isa ya rage masa daraja ba. An haife shi a Erbil a 1915, lokacin garin yana ƙarƙashin Daular Usmaniyya ta Turkawa, cikin Turkawan Iraƙi. Ya gama karatun likita a Jami'ar Istanbul a 1938, ya ƙware a kan cututtukan yara, ya ƙaro ilimi a Amurka. A 1946 yana cikin waɗanda suka sa hannu a kundin kafa Hukumar Lafiya ta Duniya. Da ya tashi gina asibitin yara a Ankara, Hacettepe ya zaɓa, unguwar talakawa, aka buɗe shi a 1958. Asibitin nan ne ya girma ya zama Jami'ar Hacettepe a 1967. Ya shugabanci ƙungiyar likitocin yara ta duniya, ya jagoranci kwamitin zartarwa na UNICEF. Ya rasu a 2010.

Malamin Jami'a: Wa alaikumus salam Dakta. Duk abin da ka lissafa gaskiya ne, amma ka tsallake shekara goma sha ɗaya. Bayan juyin mulkin Janar Kenan Evren a 1980, sojoji suka kafa Majalisar Ilimi Mai Zurfi, wato YOK, a 1981, suka ɗora Dogramaci a kanta har 1992. Kafin nan malamai ke zaɓar shugaban jami'arsu. Da zuwan YOK sai naɗi ya koma hannun shugaban ƙasa. Mutumin da ya tsara wannan kuma ya zauna a kansa, ba za a ce tarihinsa ya tsaya a gadon asibiti ba.

Hajiya Ungozoma: Malam, ni ban san harkar majalisar jami'a ba, ɗakin haihuwa na sani. Abin da ya burge ni da shi, bai ɗauka likita kaɗai ne asibiti ba. Tun farkon shekarun 1960 ya buɗe makarantun koyar da aikin jinya, da gashin ƙashi da motsa jiki, da ilimin abinci mai gina jiki a Hacettepe. Duk wanda ya taɓa kwana a kan jaririn da gudawa ta tsotse ya san ma'aikaciyar jinya ce ke riƙe da ran yaron har gari ya waye. Uwar da ɗanta ya tashi ba za ta tambayi wa ya naɗa shugaban jami'a ba.

Malamin Jami'a: Ranki ya daɗe, ita ba za ta tambaya ba, kuma ba laifinta ba ne. Mu da muke koyarwa dole mu tambaya. A 1983 an kori malamai daga jami'o'i da dokar soja mai lamba 1402, ciki har da masanin tattalin arziki Korkut Boratav da masanin tarihin siyasa Mete Tuncay na Jami'ar Ankara. Wasu da dama suka ajiye aiki don nuna rashin amincewa. Har gemu aka hana malamai ajiyewa. Emre Kongar, malami a Hacettepe ɗin nan da Dakta yake yabo, barin aiki ya yi a 1983 a kan ya aske nasa.

Likitan Yara: Malam, mu yi adalci. Kwamandojin dokar ta-ɓaci ne ke ba da umarnin kora a ƙarƙashin 1402, ba Dogramaci ba. Kuma ka tuna halin da jami'o'in suke ciki kafin juyin mulkin. A ƙarshen shekarun 1970 ɗalibai masu ra'ayin gurguzu da masu tsananin kishin ƙasa suna kashe juna a harabar makarantu, an kashe malamai, karatu yana tsayawa. Ko ya karɓi kujerar ko bai karɓa ba, sojoji sai sun taɓa jami'a. Ni na fi son mai ilimi ya riƙe ta a kan wani janar. A zamaninsa yawan jami'o'i ya tashi daga 19 zuwa 27 a 1982, ilimi ya ƙara isa lardunan yankin Anatoliya na ƙasar da a da sai yaro ya je Istanbul ko Ankara.

Malamin Jami'a: Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, Dakta. Sunansa da martabarsa a duniya su ne abin da sojoji suke buƙata, su ya ba su. Mutum mai wannan girma da ya ce a'a, ko ya ajiye aiki ranar da aka fara korar abokan aikinsa, da duniya ta ji. Bai yi ba. Yaushe ya ajiye? A 1992, lokacin da gwamnatin farar hula ta dawo wa malamai da damar jefa ƙuri'a wajen fitar da shugaban jami'a. Wannan kaɗai ya nuna abin da ya yi imani da shi. Tsarin nasa ne, ba tilasta masa aka yi ba.

Ɗaliba a Ankara: Ku gafarce ni iyayena, zan sa baki. A nan har yau sunansa raba kan mutane yake yi, ko a aji. Abin da ban ji an ambata ba shi ne ɗankwali. A 1982 YOK ta fitar da ƙa'idar sutura da ta hana ɗalibai mata rufe kai a jami'a. A 1984 ta sassauta, ta yarda da wani salon ɗauri, kuma masu kare shi suna cewa shi ya nemo wannan mafita. Amma rigimar ta ci gaba kusan shekara talatin, 'yan mata da yawa suka bar karatu ko suka tafi ƙasashen waje. Ni da nake shiga aji da hijabina yau, ba zan iya ɗaukar wannan ƙaramin abu ba.

Hajiya Ungozoma: 'Yata, wannan ya taɓa ni, wallahi. Yarinyar da aka mayar gida daga ƙofar makarantar likitanci, ita ma likitar yara ce aka rasa.

Wani Ɗan'uwa: Ba shi ne aka zarga da kwafar littafi ba?

Likitan Yara: An zarge shi. Farfesa Hasan Yazici ya rubuta cewa littafin Dogramaci na renon yara ya ɗebo daga na wani likita Ba'amurke. Dogramaci ya kai ƙara, kotunan Turkiyya suka ba shi gaskiya. A 2014 Kotun Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Turai ta ce hukuncin ya tauye wa Yazici 'yancin faɗin albarkacin baki. A kan 'yancin magana ta yanke hukunci. Ni kuma ina nan kan bakana. Ku dubi Bilkent da ya kafa a 1984, jami'a mai zaman kanta ta farko a Turkiyya, wadda gidauniya ke riƙe da ita, tana ba haziƙan ɗalibai karatu kyauta.

Malamin Jami'a: Bilkent ɗin ma tana cikin hujjata. Yana shugaban majalisar da ke sa ido a kan dukkan jami'o'in gwamnati ya buɗe tasa, daga baya ɗansa Ali ya zama shugabanta. Ban ce jami'ar ba ta da kyau ba, tana cikin na gaba a ƙasar. Amma mai sa ido ya zama ɗan takara a fili ɗaya. Kuma Dakta, ka duba abin da ya biyo baya. Malaman da aka kora da 1402, kotu ce ta buɗe musu hanyar dawowa bayan shekaru. YOK kuwa tana nan daram, an rubuta ta cikin tsarin mulkin 1982. A 2016 aka sake soke zaɓen shugabannin jami'a, a 2021 kuma ɗalibai da malaman Jami'ar Bogazici suka shafe watanni suna zanga-zanga saboda shugaban ƙasa ya naɗa musu Melih Bulu ba da shawararsu ba. Ka gyara maganarka ka ce shi ne babban maginin lafiyar yara a Turkiyya, zan sa hannu yanzu. Cewa zamanin YOK bai rage masa komai ba, wannan ba zan sa ba.