An sallami yarona daga ƙungiya, ya ci gaba da buga besbol ko ya koma koci?

MaiTasi_Bronx:
Assalamu alaikum jama'a. Shawara nake nema, amma don Allah daga wanda ya taɓa shiga irin wannan. Babban ɗana shekararsa 25, a nan Bronx aka haife shi, tun yana ɗan shekara 7 yake buga besbol, shotstop ne, wato mai tsayawa tsakanin bes na biyu da na uku. Da ya gama kwaleji wata ƙungiya ta ɗauke shi, ya yi shekara uku a ƙananan lig ɗinsu, watan Maris ɗin nan suna tsakiyar atisaye a Florida aka kira shi ofis aka ce ya kwashe kayansa. Sati uku ya yi a ɗaki ko falo ba ya fitowa, uwarsa sai dai ta ajiye masa abinci a bakin ƙofa.

Yanzu hanya biyu ta buɗe. Wata ƙungiya a lig mai zaman kanta ta ce ya zo ya buga mata kaka ɗaya, kuɗin ba wani na a zo a gani ba ne amma wai daga can ana iya sake ɗaukar mutum. Sai kuma tsohon kocinsa na sakandare ya ce ya zo ya zama mataimakinsa, da yamma kuma ya riƙa koya wa yara kamun ƙwallo ana biyansa duk awa. Ran Juma'a zai ba da amsa. Tambayata, koyar da yaran nan nawa yake kawowa tsakani da Allah, kuma wanda ya bar wasa a 25 yana iya komawa? Ban da maganar ya je ya karanta nas don Allah, uwarsa ta riga ku.

Abu_Hanif:
Wa'alaikumussalam Alhaji. Gaskiya ya je ya karanta nas, shekara biyu ya gama, asibitoci nema suke yi.

Gwanki77:
hhhh Malam Abu ko karanta ƙarshen ba ka yi ba. Ni dai har yau ban gane wasan nan ba wlh, awa uku mutum na tsaye da wandon fanjama yana tofar da ɓawon iri, in an buga ƙwallo sau ɗaya kowa ya ruga. Langa ma ta fi shi motsi.

DanZongo_ATL:
Alhaji kar ka ɗauki koci a matsayin faɗuwa. Ina zaune kusa da filin Braves, ƙungiyar besbol ta Atlanta, lokacin da Ron Washington yake cikin masu horar da su nakan shiga da wuri musamman don in kalle shi. Tsoho ya doshi 70, zai sa ɗan wasansu Ozzie Albies ya durƙusa a kan gwiwa a gefen fili, shi ma ya sauko kusa da shi, yana jefa masa ƙwallo tana dira daf da safar hannu, dama, hagu, tsakiya, ba gaggawa, sai sun gama wannan tukun a miƙe tsaye. Kullum fa, ga mutumin da ake biyansa miliyoyi. To shi kansa Washington bai yi wani suna a wasa ba. Kansas City ta ɗauke shi a 1970, bai taka babbar lig ba sai 1977 da Dodgers, 'yan wasanni kaɗan aka mayar da shi ƙasa, sai 1981 ya samu wurin zama a Minnesota. 1989 ya yi na ƙarshe a babbar lig. Da ya koma koyarwa ne duniya ta san shi. A Oakland ɗan wasan da yake horarwa, Eric Chavez, ya ci kyautar Gold Glove ta gwanin kamun ƙwallo sau 6, har ya ɗauki ɗaya ya ba Washington. Marcus Semien, shotstop ɗin Oakland, ya yi kuskure 35 a 2015, aka dawo da Washington musamman don ya gyara shi, zuwa 2019 yaron ya zo na uku a zaɓen gwarzon lig. Washington ya kai Texas World Series, wato wasan ƙarshe na babbar lig, a 2010 da 2011, duka aka cinye su, sai 2021 ya ɗaga kofin da Braves ɗinmu na Atlanta. Wanda ya sha wuya kafin ya iya abu shi ya san yadda ake koyar da shi.

Maman_Khalifa:
Malam DanZongo kai labarin na talabijin kake bayarwa, bari in ba ku nawa. Mu a Columbus wani ne ya zo ya ce tsohon ƙwararre ne, ya buga a ƙananan lig, ga hotonsa da yunifom a bango an sa a firem. Ya kalli yarona minti goma ya ce hannun nan na kuɗi ne. Ni kuma uwa, me kake so in ce. Dala 90 duk awa, sau biyu a sati, ban da kuɗin ƙungiyar tafiye-tafiye dala 3,500 a shekara, ban da otal, ban da mai, ban da sanda guda ta dala 400 da yaro zai yi wata shida ya ce ta yi masa kaɗan. Adashina biyu suka tafi a nan, sarƙar da na ajiye tun Kumasi ma na sayar, mijina bai sani ba sai daga baya, kwana nawa ba ma magana.

Ina tashi daga aikin dare ƙarfe biyar na asuba, in zuba shayi a fulas, in ɗauki yaro mu kama hanyar Indiana, ina tuƙi ina mintsinin cinyata don kar in yi barci. Shekara huɗu. Yaro ya fara cewa kafaɗarsa na ciwo, mutumin nan ya ce ragwanci ne, ya sa ƙanƙara ya ci gaba. Ranar da likita ya nuna mana hoton kafaɗar a kwamfuta ya ce sai an yi aiki, na kira kocin sau bakwai bai ɗaga ba, da yamma ya turo min saƙo wai akwai ragowar kuɗin wata biyu. Daga baya muka gano wasan nasa na ƙwararru duka-duka wata biyu ne aka kore shi. Yanzu yaro yana aiki a sito, in ya ɗaga hannu sama da kai sai ya yamutsa fuska, safar hannun tana nan a ƙarƙashin gado ya hana a taɓa. Na bar shi da Allah.

Hajiya_Greensboro:
Innalillahi. Allah ya saka miki 'yar uwa, Allah ya ba yaro lafiya. Wallahi har na yi hawaye.

Gwanki77:
Allah ya isa dai. Amma Hajiya dala 90?? Kenan Alhaji ga amsarka, yaro ya buɗe shago kawai

Maman_Khalifa:
Ba abin dariya ba ne ƙanena.

Sarkin_Fawa_NJ:
90 ai an cuce ki ne. Mu a Newark 50 muke biya, kuma mutumin ya iya aiki.

Ummu_Sultan:
Ina 50 a ina? Rabin awa dai ko? Mu a Westchester 120 ne awa ɗaya kuma sai ka yi layi. Amma Alhaji ka sani ba duka ke shiga aljihun mai koyarwa ba, ƙanin mijina ya yi wannan aikin, masu wurin suna cire kusan rabi kuɗin hayar kejin atisaye, kuma kasuwar ta hunturu ce, daga Nuwamba zuwa Maris, da bazara ta shigo yara sun koma fili shikenan sai ka ga yana neman Uber.

Sarkin_Fawa_NJ:
Awa cur Hajiya, ni nake biya da hannuna.

Injiniya_Bello:
Ku tsaya a yi lissafi. A yarjejeniyar 2023 an sa mafi ƙarancin albashi a AA dala 30,250 a shekara, AAA kuma 35,800 (matakai biyu na sama a ƙananan lig kenan, daga AAA sai babbar lig), kafin nan AA 13,800 ne kacal. Lig mai zaman kanta ba ta cikin wannan tsarin sam. Sannan a 2021 aka rage ƙananan ƙungiyoyi daga 160 zuwa 120, Staten Island Yankees na kusa da ku ma a nan ta tafi, zaɓen sababbin 'yan wasa da yake zagaye 40 ya koma 20. Kujeru sun ragu, kuma duk shekara ga 'yan 21 suna shigowa. Ni a ganina ya karɓi aikin kocin.

Tsohon_Dan_Wasa:
Injiniya da girmanka, ka taɓa riƙe sanda? Ni na buga kaka biyu a irin lig ɗin da ake magana. Dala 1,300 a wata, muna kwana gidan wasu tsofaffin Turawa da suka ba mu ɗaki kyauta, bas awa tara, in watan azumi ya faɗo ciki sai dabino da ruwa a benci. Ba wanda ya sake ɗaukata. Amma da idona na ga an zo an ɗauki na kusa da ni a tsakiyar kaka saboda wani ya ji rauni a AA. Koci yana nan har ya shekara 60, ƙafa kuwa ba ta jira. Ku duba Gift Ngoepe na Afirka ta Kudu, a ɗakin kulob ɗin da uwarsa ke aiki ya tashi, Pittsburgh ta sa masa hannu a 2008, sai Afrilun 2017 ya shiga babbar lig, ɗan nahiyarmu na farko, kuma bugunsa na farko ya samu. Sai da ya gama cin rabonsa sannan ya koma koyarwa. Da ya ajiye a 25 wa zai san shi.

Injiniya_Bello:
Ba sai na riƙe sanda zan iya lissafi ba. Kai da kanka ka ce ba a ɗauke ka ba. Kuma ɗan maƙwabcina 2,500 ake ba shi, ba 1,300 ba.

Tsohon_Dan_Wasa:
Wannan wanda ya taɓa taka AAA ne, ka tambaye shi.

Maman_Khalifa:
Duk ku biyun ba ku biya ko sisi ba, ni da na biya ba wanda ya tambaye ni. Alhaji in zai koyar ya ji tsoron Allah da 'ya'yan mutane, in yaro ya ce ciwo to ciwo ne.

Hajiya_Greensboro:
Ni abin da ke ci min rai ma daban. Gasar nan duk Asabar da Lahadi ake sa ta, daidai lokacin Islamiyya. Nawa ya yi shekara biyu bai wuce izu biyu ba, malam ya kira ni gaban iyaye ya ce na zaɓi ƙwallo a kan Alƙur'ani. Lakwal kwana biyar, wasa kwana biyu, yaushe zai yi karatun?

Abu_Hanif:
Ai malam gaskiya ya faɗa.

DanZongo_ATL:
Malam Abu mu ma da laifinmu. Yaronmu zai yi wasa ka ga 'yan Dominika sun cika benci da ganguna da tukwanen abinci, namu daga uwarsa sai fulas. Amma a ce suna ne ko biki, mota hamsin. Mun roƙi kwamitin masallaci a mayar da aji ɗaya yammacin Laraba saboda masu wasa, shekara guda ana cewa za a zauna.

Sarkin_Fawa_NJ:
Kwamitin da har yau ba su ba da lissafin kuɗin kafet ba za su canza maka aji?

MaiTasi_Bronx:
Jama'a na gode, Maman Khalifa Allah ya ba yaro lafiya. Na nuna masa abin da kuka rubuta, Hausar tasa ba ta kai ba sai da na fassara masa. Bai ce komai ba, ya dai tambaye ni ko Tsohon Ɗan Wasa zai yarda su yi waya. Jiya da daddare na dawo na same shi a falo yana shafa wa safar hannunsa mai. Ummu Sultan, rabin da kika ce masu wuri na cirewa, har da yaran da shi ya kawo da kansa?

Gwanki77:
Maganar kafet ɗin nan fa a buɗe mata nata zauren, ni dala 200 na bayar