Yaya ake nuna kaɗaici a cikin cunkoson birni a fim?

Tambaya: 'Yan uwa, jarumi na tsakiyar jama'a a babban birni amma ba shi da kowa. Yaya kyamara za ta nuna hakan ba tare da ya yi magana ba?

Amsa: Ja baya, sa wa kyamara dogon gilashi (lens) mai milimita 135. Yana matse nisa, sai a ga kamar taron ya danne jarumin. Ya tsaya cak, mutane na wucewa. Ɗora kyamarar kan maɗorinta mai ƙafa uku, don dogon gilashi ba ya yafe rawar hannu.

Amsa: Malam, sauti fa. Ɗauki hayaniyar titi daban, ka riƙa rage ta har numfashinsa kaɗai ya saura. Kiɗan tausayi ɓata wurin yake.

Amsa: Da dare, inda lantarki ke hatiz 50 (bugu 50 a daƙiƙa), ɗauki firam 25 (hotuna 25 a daƙiƙa) da shata 1/50 (tsawon lokacin da haske ke shiga kowane hoto, kashi ɗaya cikin 50 na daƙiƙa), in ba haka ba fitilu su yi ta ƙyaftawa.